Hukuncin karatun kimiyyar nukiliya da yin aiki da ita

Tambaya: Assalamu alaikum Malam, Allah ya gafarta. Ina karatun fiziks a jami'a, ina son in ƙware a fannin nukiliya. Wani ɗan'uwa ya ce min ilimin da ya ƙone Hiroshima bai dace da Musulmi ba. Ya halatta in ci gaba?

Amsa: Wa alaikumus salam. Ci gaba da karatunka, ɗana, halal ne. A ƙasar da masu ciwon daji ke jiran na'urar gashin daji watanni, yana iya zama farali kifaya. Hukunci yana rataye ne da aikin da za a yi da ilimin, kamar inabi: sayar da shi halal ne, amma malamanmu na Malikiyya sun hana a sayar wa wanda aka san giya zai yi da shi.

A 1938 Otto Hahn da Fritz Strassmann suka gano a Balin cewa ƙwayar zarrar yuraniyom tana tsagewa. Yuraniyom na ƙasa, irin na Arlit ta Nijar, nau'in 235 mai saurin tsagewa a cikinsa kashi 0.7 ne cikin ɗari. Tashar lantarki takan buƙaci a tace shi zuwa kashi 3 zuwa 5, bam kuwa wajen kashi 90. Injinan tacewar iri ɗaya ne, shi ya sa wajibi ne ka san inda aikinka zai ƙare.

Jefa wannan makami a kan gari haramun ne. Ranar 6 ga Agusta 1945 Amurka ta jefa shi a Hiroshima, kafin ƙarshen shekarar mutum wajen 140,000 sun mutu, mafi yawansu ba sojoji ba. Annabi (SAW) ya hana kashe mata da yara a yaƙi, ya hana azabtarwa da wuta, bam ɗin kuma ba ya tantance kowa. Gubarsa tana bin iska da ruwa, ta taɓa har ɗan da ke ciki. Wannan shi ne halaka shuka da zuriya da Baƙara aya ta 205 ta zarga.

Mallakarsa don tsorata maƙiyi kuwa, malaman zamani sun saɓa. Wasu sun halatta da ayar tanadin ƙarfi, Anfal 60. Ni na fi karkata ga hani ga ɗan Najeriya, domin ƙasar ta sa hannu a yarjejeniyar hana yaɗuwar makaman nukiliya ta 1968 da ta Pelindaba ta 1996 mai hana makaman a Afirka, cika alkawari kuma wajibi ne.

In ka gane aikin da aka ba ka na makami ne, ka ajiye shi. Masanin fiziks Joseph Rotblat ya bar Los Alamos, inda Amurka ke ƙera bam ɗin, a ƙarshen 1944 da ya fahimci Jamus ba ta kusa da yin bam. Aikin asibiti, noma, lantarki, ko bincike irin na cibiyar makamashi ta Zariya, babu laifi. Wallahu a'alam.