Kwamiti ya zauna ba a kira ku ba: amsa ga mai gonar gado da ke Jidda

Ɗan'uwa, saƙonka ya iso, Allah ya jiƙan mahaifinku. Ka ce kana aiki a Jidda, ya bar muku gona a wani ƙauye a Jigawa, sai ka ji an mayar da sunan da ke rajistar ƙaramar hukuma na baffanku. Ƙaninka ya kai koke, kwamiti ya zauna ba a aiko muku takardar gayyata ba, jami'in da ya sauya sunan ma da shi aka yi zaman, aka ce gona ta baffa ce. Yanzu wani ɗan kamasho ya ce ka turo kuɗi ya "gyara fayil", Hajiya kuma tana cewa ka bari, kada a ce ɗanta ya kai baffansa ƙara.

Kada ka tura masa ko sisi. Irin waɗannan mun ga aikinsu: yau kuɗin fito da fayil, gobe na goron oga, jibi a turo maka hoton takarda mai hatimi ta WhatsApp, a je ofis a tarar ba ta cikin kowane littafi. Wanda ya fi muni shi ne mai gyarawar da gaske. Ranar da aka buɗe fayil gaban alƙali aka ga an yi masa cushe, kai mai gaskiya kai ne za ka koma mai ba da cin hanci.

Makamin da ke hannunka ya fi nasa ƙarfi. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta ba ƙaramar hukuma ikon ba da shaidar mallaka ta gargajiya a ƙauye, amma ba ta ba ta ikon yanke wa mutum hukunci a bayan idonsa ba. Sashe na 36 na Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya ba kowa haƙƙin a saurare shi kafin a yanke abin da ya shafi haƙƙinsa, kuma tsohuwar ƙa'idar shari'a ce mutum ba ya alƙalanci a maganar da yake da hannu a ciki. Duka biyun an taka su a zaman da kwamitin ya yi. Babbar Kotun Jiha tana da ikon sa a kawo mata takardun zaman, ta duba yadda aka yi shi, ta soke hukuncin. A irin wannan ƙarar alƙali ba ya tambayar gonar wa ce. Tambayarsa ita ce an kira ku, wa ya zauna, ina rubutun zaman. Don haka kada ka sa rai ka fito da gona a hannu ranar. Sokewa tana mayar da magana inda take kafin a yi zaman, shi kuwa rabon gado kotun Shari'a ce za ta yi shi.

Abin da ke damuna shi ne lokaci. Ƙa'idojin manyan kotuna yawanci wata 3 suke bayarwa daga ranar da aka yanke hukuncin, kuma jan ƙafar ɗan kamasho cinye wannan wa'adin yake yi. Cikin makon nan ka nemi lauya a Dutse ko Kano, ka yi magana da shi da bakinka. Ka rubuta wa ƙaninka takardar wakilci, ka sa hannu a ƙaramin ofishin jakadancin Najeriya da ke nan Jidda, ka taƙaita ta ga bin wannan shari'ar, ban da sayarwa ko jingina. Lauya ya nemi kwafin hukuncin da rubutun zaman masu hatimin ofis, a rubuce, ya riƙe kwafin wasiƙar da aka buga wa tambarin karɓa. In sun ƙi bayarwa, wannan ƙin ma hujja ce.

Sai maganar Hajiya. Ka lallaɓa ta, ka faɗa mata gaskiya: hukuncin ofis ake ƙalubalanta, ko da sunan baffa zai fito a takarda. Amma ban yarda cewa kai ne mai ɓata zumunci ba. Wanda ya jira ɗan'uwansa ya kwanta dama, ya ga babban ɗa yana ƙasar waje yana aiko wa gida kuɗin abinci, ya lallaɓa ofis ya sauya suna, shi ya fara. Kuma gonar ba taka kai kaɗai ba ce da za ka yafe don kunya. Akwai tumunin Hajiya a ciki, akwai rabon ƙannenka mata waɗanda ba za su iya buɗe baki gaban baffa ba. In dagaci da limami suna son sulhu, madalla, a zauna. Sai dai a shigar da ƙara tukuna, don wa'adin kotu ba ya jiran zaman zaure, kuma duk abin da aka daidaita a rubuta shi gaban shaidu a kai wa alƙali.