Filin Tambaya da Amsa: Rufe Fuskarta Kaɗai Ya Wadatar?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ƙungiyarmu ta mata a Gombe tana shirya gangamin wayar da kai na ranar 19 ga Yuni, ranar da Majalisar Ɗinkin Duniya ta ware don yaƙi da fyaɗe a lokacin rikici. Akwai wata baiwar Allah 'yar gudun hijira daga Borno da muke tallafa wa da kayan abinci. Ta amince mu ɗauki labarin sace ta da fyaɗen da aka yi mata a bidiyo mu sa a Facebook in za mu rufe fuskarta. Hakan ya wadatar?
Wata mai karatu, Gombe

Amsa: Wa alaikumus salam. 'Yar'uwa, bai wadatar ba, kuma matsalar ta fara tun daga amincewar. Matar da take karɓar shinkafa daga hannunku zai yi mata wuya ta ce muku a'a. Don haka kada mai rabon kayan ta zama mai neman izini. A samu wata daban, ta faɗa mata ƙarara cewa ko ta ƙi, tallafinta yana nan. A yi maganar da harshen da ta fi ji, Barbarci ne ko Hausa. In da tafinta, ta zama mace, kuma ba 'yar garinsu ko unguwarsu ba.

A bayyana mata inda bidiyon zai je: dangin mijinta za su iya gani, haka waɗanda suka cuce ta, kuma da zarar ya shiga WhatsApp babu mai iya janye shi. A ba ta kwanaki ta yi shawara da zuciyarta. Bayan an kammala haɗawa a nuna mata kafin kowa ya gani, kuma tana da ikon fasawa ko da ana gobe gangamin. In ba ta kai shekara 18 ba, ku bar maganar gaba ɗaya.

Sai ɓoye kamanni, inda aka fi yin kuskure. Maƙwabta ba da fuska kaɗai suke gane mutum ba. Akwai murya da karin harshe, lallen hannu, zanen da ta saba ɗaurawa, katangar gidan da take haya. Akwai kuma abin da ke cikin labarin kansa: sunan ƙauye, shekarar da aka sace ta, yawan 'ya'yanta. Guda uku daga cikinsu sun isa a gane ta a unguwa. Sauya amon murya da kwamfuta ba abin dogaro ba ne, domin ana iya maido da shi. Abin da ya fi shi ne wata mace ta karanta kalamanta, a sa zanen hannu maimakon hotonta, a cire sunan gari. A kashe alamar wuri a wayar ɗaukar, a goge ainihin faifan bayan an gama.

In ta haihu sakamakon abin da ya faru, labarin na yaron ne shi ma. Al'ummar da ta riƙa kiran irin waɗannan mata "matan Boko Haram" ba za ta raga wa ɗan ba idan ya shiga makaranta.

Hirar a yi ta sau ɗaya, a ɗaki rufe, da mutum ɗaya ko biyu. Kada a nemi bayanin yadda aka yi mata, kada a ce "me ya hana ki gudu?" Tun kafin a zauna ku tanadi asibiti da mai ba da shawara da za ku haɗa ta da su, domin tuna abin yakan dawo da firgita da rashin barci. Ƙa'idar Murad ta 2022, wato jagorar duniya kan yadda ake tattara labarin waɗanda aka yi wa fyaɗe a lokacin rikici, mai ɗauke da sunan Nadia Murad, 'yar al'ummar Yazidi ta Iraƙi da ta tsira daga irin wannan cin zarafi kuma ta samu kyautar Nobel a 2018, ta jaddada irin waɗannan matakai. Ita Nadia da kanta ta zaɓi bayyana sunanta. In wannan baiwar Allah ta zaɓi haka bayan ta san haɗarin, haƙƙinta ne, amma kada shawarar ta fito daga gare ku.

A ganinmu gangaminku zai yi amfani ko babu labarinta. Abin da matan Gombe suka fi buƙatar ji shi ne: wadda aka yi wa fyaɗe ta je asibiti cikin awa 72 don maganin kariya daga cutar ƙanjamau, maganin hana ɗaukar ciki na gaggawa kuma cikin awa 120. Ku je asibitin da kanku ku tabbatar magungunan suna nan kafin ku sanar da sunansa.