Shin sakin fuskar nas yana ƙara wa jinya inganci?

'Yar'uwa, kin tambaya ko sakin fuska da lallashi suna da wani amfani, tunda dai an ba da magani a kan lokaci. Suna da shi ƙwarai.

Likita zagaye yake yi ya wuce, nas ce ke kwana da majinyaci. Wanda ya saki jiki da ita zai gaya mata abin da ya ɓoye wa kowa, misali ya daina shan ƙwayar hawan jini saboda tana sa shi jiri, ko mararsa na ciwo tun da aka sa masa robar fitsari. Wanda aka daka wa tsawa kuwa sai ya ce "da sauƙi" alhali ciwo na cinsa, a makara wajen gano matsalar.

Tun 1952 Hildegard Peplau, wata nas Ba'amurkiya, ta rubuta cewa alaƙar nas da majinyaci ita ce ginshiƙin jinya. Ba sai an daɗe ana hira ba, na san aiki ya yi muku yawa. Ki kira sunansa, ki ja labule kafin ki buɗe masa jiki, ki gaya masa allurar mece ce kafin ki yi masa ita.