Hukuncin Aikin Gabatar da Gasar Basira a Talabijin

Tambaya: Allah ya gafarta Malam, ni haifaffen Shari' Mansur ne a Makka, kuma na yi shekaru ina jagorantar taron biki da walima a Jidda. Yanzu wata tasha ta nemi in riƙa gabatar da gasar zaƙulo masu basira, inda ake waƙa, da wasan barkwanci, da karatun baitoci. Albashin yana da tsoka, amma mahaifiyata ta ce sai na ji ta bakin malamai. Shin ya halatta?

Amsa: Bayan godiya ga Allah da salati ga Manzonsa, ka sani ya ɗana, gabatar da shiri aiki ne na ijara, wato aikin da ake biyan mutum ya yi, hukuncinsa kuwa yana bin abin da ake gabatarwa, saboda faɗin Allah a Suratul Ma'ida, aya ta 2, cewa a taimaki juna a kan alheri da taƙawa, kada a taimaki juna a kan zunubi da ƙetare iyaka. Ita gasa ba aibu ba ce, domin Bukhari da Muslim sun ruwaito daga Ibn Umar cewa Annabi (SAW) ya sa an yi tseren dawaki daga Hafya'u zuwa Saniyyatul Wada'i, wurare biyu a yankin Madina, kuma a nan Makka ake gasar Alƙur'ani ta Sarki Abdul'aziz.

Kayan kiɗa, mafi yawan malaman mazhabobi huɗu sun hana su in ban da duffi, wato ƙaramar ganga mai fuska ɗaya, Ibn Hazm ya saɓa musu, ni kuwa ina tare da mafi yawa. In kiɗa da rawar maza da mata su ne ƙashin bayan shirin, to ka haƙura da shi.

Abin da masu tambaya ba su cika kawowa ba, ni kuma ya fi damuna, shi ne harshenka. Yaro zai hau dandamali muryarsa ta sarƙe, mahaifinsa na zaune a layin gaba, mai shirya shirin ya raɗa maka ta na'urar kunne cewa ka tsokane shi don jama'a su yi dariya. Wannan shi ne izgilin da aya ta 11 ta Suratul Hujurat ta hana, kuma yardar da yaron ya sa wa hannu ba ta wanke ka.

Sai kuɗin saƙon waya da masu kallo ke aikawa shirin. In mai kallo yana biyan riyal sama da kuɗin saƙo na yau da kullum da fatan cin mota ko kuɗi a ƙuri'a, wannan caca ce, wadda aya ta 90 ta Ma'ida ta haramta, kuma kai ne za ka riƙa karanta lambar. In zaɓen gwani kawai yake yi, ba ya jiran komai, ba caca ba ce.

Saboda haka ka nemi tsarin shirin a rubuce kafin ka sa hannu, kuma a sanya a yarjejeniya cewa ba za a tilasta maka muzanta ɗan takara ko tallata ƙuri'ar kuɗi ba. In sun amince, kuma shirin ya kuɓuta daga abin da na ambata, albashinka halal ne. In sun ƙi, ka ci gaba da aikinka na Jidda, ka kuma sanar da mahaifiyarka dalili. Wallahu a'alam.