Tambaya da Amsa: Labarin Tsayar da Lokaci

Tambaya: Malam, ina rubuta ƙagaggen labari kan wani ƙarfi mai tsayar da lokaci don kada abu ya ruɓe. A ina marubuta ke tuntuɓe? Daga wata mai karatu, Fagge.

Amsa: Malama, ki fara shata masa iyaka: ɗaki guda ko unguwa? Idan komai ya tsaya, iska ma ta tsaya, jaruminki ba zai ji sauti ba, numfashi zai gagare shi. Nan aka fi yin sakaci.

Ki kai jarumin marinar Ƙofar Mata da ke Kano. Zane kan fito daga ruwan baba kore-kore, iska ce ke mayar da shi shuɗi. A labarinki zanen zai tsaya a kore. Nono ba zai yi tsami ba, amma raunin jarumin ma ba zai warke ba.