Tambaya Da Amsa: Wane Ne Tsohon Da Ya Fito Shugaban Ƙasa A Baron Noir?

TAMBAYA: Salamu alaikum Malam. Ni mai bin finafinan Faransa ne a Canal+, akwai wani tsoho mai farin gashi da ya fito a shugaban ƙasa cikin Baron Noir, na sha ganinsa a finafinai amma kullum ba shi ne jarumi ba. Don Allah wane ne shi, kuma irin su suna samun na kai wa bakin salati kuwa? Daga wani mai karatu a Maraɗi.

AMSA: Wa alaikumus salam ɗan'uwa. Niels Arestrup kenan kake nufi, an haife shi 1949 a Montreuil kusa da Paris, babansa ɗan Denmak ne, ya mutu ranar 1 ga Disamba 2024. A Baron Noir na 2016 shi ne Francis Laugier, Kad Merad ne ya ja shirin.

Mutumin nan fa tun shekarun 1970 yake harkar, yawanci a wasan dandamali, amma sai da ya kai shekara 57 sannan ya ɗauki César ta farko, ita ce babbar lambar yabon finafinai a Faransa. Sau uku ya ɗauke ta, 2006 da 2010 da 2014, duka a ɓangaren mataimakin jarumi. Ni dai a wajena fim ɗinsa da ya fi burge ni shi ne Un prophète na darakta Jacques Audiard, inda ya fito a César Luciani, bos ɗin 'yan daban Korsika a gidan yari, Tahar Rahim kuma shi ne yaronsa. Akwai wajen da ya danna wa yaron cokali a ido yana masa magana, wallahi sai ka ji tsigar jikinka ta tashi, kuma tsoron da kake ji na tsohon nan shi ne ya sa duk wani mataki da yaron ya ɗauka a fim ɗin ya yi nauyi, da a ce an ba wani rago wannan matsayin da labarin gaba ɗaya ya zube. Sai kuma a fim ɗin Quai d'Orsay ya juya ya koma ma'aikacin ofishin ministan harkokin waje mai sanyin murya kamar barci yake ji, minista na ta buga ƙofa takardu na tashi shi ko yana zaune yana kashe wutar rikici ta waya a hankali. Kai ka ce ba mutum ɗaya ba ne.

Batun abinci kuwa, irin su Arestrup ba su da matsala, ƙananan da ke fitowa likita yau gobe ɗan sanda su ne abin tambaya. Faransa tana da wani tsari na musamman don masu aikin wasa da ba kullum suke samun aiki ba, ana ce musu antarmitan. Idan ɗan wasa ya haɗa awa 507 na aiki cikin wata 12, to ranakun da yake zaune ba aiki ana biyansa alawus daga asusun marasa aikin yi. Kowane kwantiragi na yini ana lissafa shi awa 12, kenan wajen 43 yake buƙata a shekara, shi ya sa za ka ga mutum yau yana tele gobe talla jibi yana ɗora murya a fim ɗin Amurka, duk don awannin su cika. Wanda bai cika ba kuma ya fita daga tsarin, nan ne fa abin yake da ciwo, don darakta ba ya kiran kowa kullum. A 2003 da aka tsaurara sharuɗɗan sai da suka yi yajin aikin da ya sa aka soke bikin wasannin dandamali na birnin Avignon gaba ɗaya a shekarar.