Tambayoyinku: Wane littafi zan saya ya gyara masa hali?

TAMBAYA: Malam barka da aiki. Ɗana na fari shekararsa 14, da can yaro ne mai sanyi, amma tun da ya shiga aji uku na sakandare in na faɗi ɗaya sai ya mayar min da biyu, ga ƙarya ya fara har kan canjin cefane. Babansa matafiyi ne. Wane littafin tarbiyya zan saya masa?
Wata uwa daga Gusau

AMSA: Hajiya Allah ya shirya mana zuri'a. Kafin ki kashe ko sisi, buɗe jakarsa ta Islamiyya, ina kyautata zaton akwai Ahalari da Arba'una a ciki. Mu dai mun ɗauki Ahalari littafin alwala da ƙabli da ba'adi ne kawai, alhali kafin ya taɓa maganar ruwa ma sai da ya fara da gyaran imani da tuba da kiyaye harshe da ido, ya jero ƙarya da giba da annamimanci da girman kai da riya da hassada, ya hana zama da fasiƙi in ba dole ba. Shafukan farkon nan su ne ake bi a guje don a kai ga babin tsarki, yaro ya haddace su da Larabci tas bai san da shi ake ba.

Arba'una kuma ta Imam Nawawi ce, hadisai 42 ne duk da sunan arba'in da ake kiranta. Ibn Abi Zaid Alƙairawani, mai Risalar nan da ake karantawa a zaurukanmu, ya ce ladubban alheri gaba ɗaya daga hadisai huɗu suke fitowa: mutum ya bar abin da ba ruwansa, ya so wa ɗan'uwansa abin da yake so wa kansa, ya faɗi alheri ko ya yi shiru, sai kuma "kada ka yi fushi". Duka huɗun suna cikin Arba'una, na 12 da 13 da 15 da 16. Ki zauna da shi bayan magariba ku ɗauki ɗaya a mako, shi ya karanta ya fassara miki, ke ki zama ɗaliba, yaro ɗan 14 ya fi son a tambaye shi da a yi masa wa'azi.

In kuma kina son abin da zai karanta don daɗi, samo masa Magana Jari Ce na Abubakar Imam, wanda ya fara fitowa a 1937, littafi uku ne. Aku ne ke tsare ɗan sarki da labarai, kowane labari da darasinsa a ciki ba tare da an nuna wa yaro yatsa ba, shi ya sa har yau bai tsufa ba.

Amma akwai wanda ke ya kamata ki karanta, ba shi ba. Imam Gazali a cikin littafinsa Ihya'u Ulumiddin yana da fasali kan renon yara, kuma abin da ya faɗa zai ba iyayen yanzu mamaki: ya ce in yaro ya yi laifi karo na farko kuma yana ƙoƙarin ɓoyewa to a yi kamar ba a gani ba, kada a tona shi, in ya sake a yi masa faɗa a keɓe, kuma kada a riƙa yi masa faɗa kullum don kunnensa zai saba har maganar ta daina yi masa nauyi. Ya ce a bar shi ya yi wasa in ya taso daga makaranta. Wannan fa mutumin da ya rasu a 505 bayan hijira ne yake faɗa. Maganar canjin cefane kam, ki fara duba ko tsoron dukanki ne ke sa shi ƙaryar.

TAMBAYA: Malam na sayi Ihya'u Ulumiddin mujalladi huɗu da kuɗin alawi na, sai wani abokina ya ce cike yake da hadisai marasa inganci, wai in fitar da shi daga ɗakina. Yaya zan yi?
Ɗalibi daga Zariya

AMSA: Ƙanena, abokinka ya faɗi rabin gaskiya. Eh, akwai hadisai masu rauni a Ihya'u, har da waɗanda malaman hadisi suka ce ba su samo musu asali ba, kuma rigimar nan ba yau aka fara ta ba, tun Gazali yana raye aka ƙona littafin a Ƙurɗuba ta Andalus zamanin daular Murabiɗai. Sai dai malamai ba su jefar da shi ba, aiki suka yi a kansa. Hafiz Al-Iraƙi, wanda ya rasu a 806 bayan hijira, ya bi hadisan ɗaya bayan ɗaya yana faɗin inda kowanne ya fito da matsayinsa, kuma yawancin bugun da ke kasuwa yanzu suna ɗauke da wannan aikin a ƙasan shafi, je ka duba naka, ƙananan rubutun nan da ido ke tsallakewa su ne amsar abokinka. Ibnul Jauzi ma ya tace littafin ya kira nasa Minhajul Ƙasidin, daga baya Ibn Ƙudama ya taƙaice shi zuwa mujalladi ɗaya, Mukhtasar Minhajil Ƙasidin, in hankalinka bai kwanta da babban ba to ga wannan.

Ni abin da ya sa nake ganin asara ce a bar shi, babu kamarsa wajen bin cutar zuciya har saiwarta. Littafin kashi huɗu ne, ibada, al'amuran yau da kullum, masu halakarwa, masu tsiratarwa, kowane kashi littafi goma, arba'in kenan. Kar ka fara daga farko don za ka gaji, wuce kashi na uku. A nan ya lissafa illolin harshe guda 20, ya yi fushi da gaba da hassada, ya yi rowa, ya yi riya da son girma, kuma ba cewa kawai yake hassada haramun ce ba, a'a, sai ya zauna ya nuna maka me ke haifar da ita da dalilin da ya sa ta fi yawa tsakanin tsara da 'yan sana'a ɗaya, malami ya yi wa malami, ɗan kasuwa ya yi wa ɗan kasuwa. Kana karantawa kana jin kamar a unguwarku ya zauna.

Wani wurin kuma ya yi karo da karin maganarmu ta hali zanen dutse. Ya ce da hali ba ya sauyawa da wa'azi da nasiha duk sun zama aikin banza, kuma in har ana horar da doki da kare da shaho su bar ɗabi'arsu, to ina ga ɗan Adam. Ni ina tare da shi a nan, mun daɗe muna fakewa da wannan karin maganar, mutum ya zagi matarsa ya ce ai haka Allah ya yi shi mai zafi.

In kuma hadisi zalla kake so, Riyadus Salihin yana nan, wajen hadisi 1,900, ya fara da ikhlasi, tuba, haƙuri, gaskiya. Ko Al-Adabul Mufrad na Imam Bukhari, hadisai sama da 1,300, wanda ya buɗe da haƙƙin iyaye sannan zumunci da maƙwabta. Ka dai sani shi ma wannan ba Sahihul Bukhari ba ne, akwai masu rauni a ciki, Albani ya ware su. Ko wanne ka ɗauka, nemi malamin da za ka riƙa kai wa biya, zaure bai ƙare a Zariya ba.

TAMBAYA: Su littattafan Turawa na gyaran kai da ake tallarsu a bakin titi fa, halal ne a karanta?
Ma'aikacin banki daga Abuja

AMSA: Karanta abinka Alhaji, akwai amfani, musamman wajen tsara lokaci da iya magana da jama'a. Sai dai ka lura da inda suka dosa. Shahararren littafin Dale Carnegie na 1936 yana koya maka fara'a da riƙe sunan mutane don ka samu shiga wajensu, su Nawawi kuma niyya suka fara tambaya kafin fara'ar. Kuma kar ka ɗauka mu ba mu da namu ma'aunin. Wani Bature, Kirk-Greene, ya wallafa lacca a 1974 kan wanda Bahaushe ke kira mutumin kirki, ya lissafa gaskiya, amana, karamci, haƙuri, hankali, kunya, ladabi, mutunci, hikima da adalci, duk daga bakin Hausawa ya tsinto su. Kunya kam da wuya ka ga babinta a waɗancan littattafan na bakin titi.

TAMBAYA: Malam facalata ba ta da aiki sai kai gulmata wajen uwar mijinmu. Ina so in saya mata littafi kan haramcin giba in ba ta a matsayin tsaraba, wanne ya fi?
Wata baiwar Allah daga Maraɗi

AMSA: Haba 'yar'uwa, ai ranar da kika miƙa mata shi ranar za a yi wadda ta fi ta da, don ta san habaici ne aka naɗe a leda. In da gaske gyara kike so, ki ba da shawara a riƙa karanta Riyadus Salihin a gidan gaba ɗaya, ko da ranar Juma'a ne bayan la'asar, ku duka matan har da Hajiya babba, a samu malama ta riƙa ja muku. Babin giba yana can wajen ƙarshe, shi ne ya buɗe sashen abubuwan da aka hana, kafin ku kai can kun wuce babin haƙuri da na sulhu tsakanin mutane, kuma ba wadda za ta ce da ita ake. Sai dai ki shirya, bayan wannan babin akwai na mai sauraren giba ma, don haka ki fara tunanin wace ce take kawo miki rahoton abin da facalar taki ta faɗa.